Yadda Na Je Sa Wa Harafin K Lanƙwasa

Sunana Bawa, sana'ata gyaran tafireta, shagona yana Jega Sabon Gari. Wannan tafiya na yi ta ne da kaka, a shekarun da muke cikin Jihar Sakkwato, bayan wani alkali a Maiyama ya aiko in zo da kayan aikina da gaggawa.

Talata: Jega zuwa Maiyama

Na fita gida ƙarfe biyar da rabi, bayan sallar asuba. Na sha koko da ƙosai a tasha, muka tashi shida da kwata a akori-kurar wani direba mai suna Ɗangaladima. Tun daga bayan gari muke wuce jakuna da amalanke, kowanne ɗauke da karan dawa, duk sun nufi kudu. A shingen 'yan sanda kofur ya leƙo, bai tambayi takardun mota ba. Cewa ya yi, "Akwai kara a motar nan?" Aka ce babu, ya ɗaga mana hannu.

Bakwai saura minti goma muka iso. Kotu dai ban gan ta ba, tsaunin kara na gani, da wata 'yar hanya da masinja ya haƙa zuwa taga. Ta nan na shiga.

"Allah shi gafarta Malam, mi ya faru?"

Alkali ya miƙo mini littafin doka, ya nuna layi. An rubuta: Duk mai kara ya kai wa alkali.

"Ƙara anka so a ce, Bawa. Ƙara! Kwana tara ke nan. Manoma ba su da abin darni, shanu ba su da abin ci, masu ƙara kuma ba su da ƙofar shiga. Akwai wata tsohuwa da anka ƙwace wa gona, kullum sai ta zo ta koma."

Ya ce aikin wata makarantar tsibbu ce a bayan Danwarai, kusa da Aliero. Su ba su laya, ba su turare. Takarda suke cikawa, su buga hatimi, su sa a fayil, gari na wayewa doka ta sauya a kowane littafi, ƙafafun mutane kuma su bi ta ko suna so ko ba su so. Da Turanci suka saba bugawa. Wannan ce dokarsu ta farko da Hausa, tafiretarsu kuwa ba ta da ƙ. Ya ce in je in sa mata.

Na koma Jega da hantsi, na kama motar kiya-kiya zuwa Aliero, tafiyar minti arba'in. Na sauka gidan abokina Alhaji Manu mai albasa, aka kawo tuwon shinkafa da miyar yakuwa. Shi ma ya kai nasa karan. "Wallahi ina ɗaure shi ina zagin kaina," in ji shi, "amma hannuna bai tsaya ba."

Laraba: Danwarai

Alhaji Manu ya kai ni a babur, muka isa takwas daidai. Makarantar ɗakuna huɗu ce na laka da rufin kwano. Mai gadi ya ba ni fom na neman izinin shiga. Na cika, ya ce sai na cika na neman izinin karɓar fom na farko. Goma da rabi na samu shiga.

Shugabar ajin bugun tafireta, Malama Kulu, ita ta zagaya da ni. 'Yan aji ɗaya suna haddar "dawo gobe" da murya ɗaya. 'Yan aji biyu ana koya musu yadda ake ɓatar da fayil yana kan tebur. Sai aji uku ake ba mutum hatimi ya riƙe. Shugabansu, Malam Ɗanjumma, tsohon akawun En'e ne, da biro uku a aljihu.

Na ce, "Malam, don mi ba ku sa lanƙwasar da biro ba?"

"Mun sa. Aikin ba ya karɓar gyaran hannu. Abin da ƙarfe ya buga shi ad doka."

Na buɗe tafireta na duba. Harafin q yana nan sabo fil, Hausa ba ta taɓa neman sa ba. Na cire shi, na ɗauko tsohon k daga gwangwanina, na narka dalma na ɗana masa 'yar lanƙwasa a ka, na goge da zarto, na ɗaura a gurbin q. Na kai hannu zan gwada, Malama Kulu ta buge mini yatsa.

"Kul! Wani baƙo ya taɓa gwada ta da sunan matarsa, yau ita ka riƙe da kasuwar garinsu."

Ita ta buga dokar da kanta, kwafi uku. Malam Ɗanjumma ya hura wa hatimi iska, ya danna, aka rufe fayil a durowa. Ya ce sai gobe, kuma a karon nan da gaske yake.

Alhamis: Maiyama, sannan gida

Na bar Aliero shida da rabi, na sauya mota a Jega, tara saura kwata ina Maiyama. Doka ta gyaru. Tsohuwar nan ita ce ta fara shiga, kafin azahar an mayar mata da gonarta, ta fito tana guɗa.

Sai dai an ce kowa ya kwashe karansa. Wanda ya kawo dami biyu ya rantse biyar ya kawo, wanda ya kawo na gero ya rungumi na dawa. Kafin la'asar layin masu ƙara ya kai bakin titi, kuma dukkansu a kan kara suka zo. Alkali ya dube ni ta taga, ya riƙe kai.

"Bawa, ka gyara ko ka ƙara?"

"Allah shi gafarta Malam, da wace k?"

Ya jefo mini takalmi, na kauce, na ruga tasha.

Na iso gida biyar da minti ashirin, ƙafata ƙalau. Ina godiya ga Allah da ya kai ni ya dawo da ni, da Alhaji Manu da ya ba ni masauki da babur, da Malama Kulu da ta buge mini yatsa, domin sunan surukata na yi niyyar bugawa.