Ya Tafi da Bota

Zaratu tana tura keken abinci a hawa na huɗu na asibitin da take aiki a Camberwell ranar da ta fara jin waƙar. Daga ƙaramar rediyon wata tsohuwa mai karayar ƙugu take fitowa. Ƙaho ya fara, ganga ta biyo, sai ga muryar Sharon, wadda suka taɓa zama ƙungiyar kiɗa ɗaya. Zaratu ta tsaya da ludayin miya a hannu kamar an dasa ta. Tsohuwar tana kaɗa yatsun ƙafa cikin bargo, ta ce mata da Turanci wai waƙar 'yan Sifen ce, tana sonta sosai.

'Yan Sifen ɗin uwar wa. Hausa ce fa, Hausar da aka taka da takalmi.

Ita Zaratu haihuwar Fagge ce. Tana shekara goma sha biyar Gwaggo Karimatu, ƙanwar babanta, ta ɗauko ta zuwa London. An sa ta makaranta, ta yi shekara biyu tana kallon taga, ta ce ta ƙoshi. Amma murya kam Allah ya ba ta. In ana biki ko suna a Peckham ta karɓi makirfo, har matan likitocin nan masu zama kamar an yi musu guga sai sun tashi. A wani suna ne Gariba ya ji ta. Gariba ɗan zangon Kumasi ne, direban bas, ya girme ta da kusan shekara ashirin, yana kaɗa jita, yana da ƙungiyar kiɗa mai suna Zango Sur. Suna gwaji duk Asabar a wani ɗaki saman shagon mai kifi a kasuwar Deptford, ɗakin da ko turare ka zuba kwalba guda warin banda ne zai raka ka gida.

Shekara huɗu Zaratu tana hawa wannan matakalar. Ita ce mai waƙa. Ita ta kawo labule, ita ta sayo butar shayi ja ta lantarki, don ɗakin sanyi ne da shi kamar firij ɗin mai kifin. Kuma ita ce mai gyara wa Gariba Hausa, ba wanda ya sa ta. Mutanen zango ba ruwansu da mace da namiji a magana, kowa "ya" ne.

"Gwaggonki ya kira ni," in ji Gariba.

"Ta kira, Yaya Gariba. Gwaggona mace ce, ba ta canza ba tun jiya."

"To, ya kira dai."

Haka suke kullum, shekara huɗu.

Sai Gariba ya kwaso wani Wilmer, ɗan Kolombiya mai share ofisoshi, wanda ya gani yana busa ƙaho a tashar bas. Daga zuwansa kiɗan ya sauya ƙafa. Abdul-Basit mai ganga ya ajiye kalangu ya rungumi wasu dogayen ganguna biyu. Zaratu ta ce ita ba ta zo London don ta yi ta juya ƙugu kamar ana tuƙa tuwo ba. Wannan shi ne abin da ta gaya wa mutane. Gaskiyar ita ce kiɗan ya ƙi ta. Kullum sai ta shigo waƙar a makare, kamar wadda ta zo an rufe ƙofar jirgin ƙasa. Ita kuwa Sharon, yarinyar da ke danna piyano a kusurwa, iyayenta 'yan Jos, ita haihuwar Croydon, wadda ko gaisuwa aka yi mata da Hausa da Turanci take amsawa, sai ta riƙa rera wurin a hankali daidai kan kiɗa, wai tana taimaka mata.

"Anti Zaratu, a nan za ki shiga."

Anti. Shekara uku ce tsakaninsu.

Wata Asabar da rana Wilmer ya tafa wa Sharon, Gariba ma ya gyaɗa kai. Zaratu ta miƙe. Ta cire butarta daga soket, ta juye ruwan a sinki, ta cusa ta cikin jaka da ɗuminta, ta sauka. A satin nan kuma Abdul-Basit ya koma Kumasi jinyar mahaifiyarsa.

Wata takwas bayan nan ne waƙar ta fito daga rediyon tsohuwar.

Waƙar ta shiga chart, jerin waƙoƙin da suka fi tashe a Ingila, a ta talatin da takwas. Zaratu ta ce ai ko kukan akuya aka sa wa ƙaho zai kai nan. Juma'a ta zagayo, ta goma sha tara. Zaratu ta ce Turawa ba su da kunne. Ta buɗe wani asusu da sunan Mai Gyaran Hausa, tana bin duk inda aka saka bidiyon tana rubuta cewa an kashe yaren mutane. Mutum biyu ne suka danna mata like, ɗaya ma ita ce da ɗayar wayarta. Da waƙar ta hau ta shida, ta dawo daga aiki ta tarar da Gwaggo Karimatu a kicin tana soya albasa tana karkaɗa kafaɗa.

"Gwaggo, har da ke?"

"Ke ni rabu da ni, ƙafata ce take yi, ba ni ba."

Abin da ya fi ci mata rai ba jar rigar Sharon ta cikin bidiyon ba ce, ba kuma yadda yaran Turawa ke yi mata ihu ba, ko da yake waɗannan ma sun ci. Amshin ne. Ta saurare shi ya fi sau ɗari, wai don ta kama kuskure: "Ya tafi, ya tafi da bota, ya bar mu cikin sanyi." Ta zauna ta yi lissafinta. Wa ya tafi? Abdul-Basit. Wa ke cin burodi da bota har a tsakiyar gwaji? Abdul-Basit. Wato mai ganga, wanda bai taɓa share ɗakin nan ko sau ɗaya ba, shi aka yi wa waƙa duk Ingila tana rerawa. Ita da ta ba su shekara huɗu ko tari ba a yi da sunanta ba. An goge ta kamar ba ta taɓa hawa matakalar ba.

Wata Asabar da safe ta je Deptford sayen kuka da daddawa. Mai gyaran waya yana kaɗa waƙar, mai kayan miya yana kaɗa ta, mai kifi har ya manna hoton su Sharon kusa da farashin tarwaɗa. Zaratu ta ga ƙafarta tana hawa bene.

Suna nan su uku da wani sabon mai ganga, kowa da kofin takarda na shayin kanti. Labulenta na nan. Sharon ta miƙe da murna.

"Anti Zaratu."

"Zauna, ba wurinki na zo ba. Yaya Gariba, ina kwana. Na zo taya ku murna ne, kuma ina son lambar Abdul-Basit, shi ma in taya shi."

"Lafiya lau, 'yar Kano. Murnar me za ki yi wa Basit?"

"Murnar waƙarsa mana. Ban san botar tasa ta shiga ranku haka ba."

Gariba ya kalli Sharon, ya kalli Zaratu. "Wane bota?"

"Ya tafi da bota. Ko ba haka take cewa ba?"

Gariba ya ajiye jitar a hankali. Kafaɗunsa suka fara rawa kafin dariyar ta fito, har sai da ya share ido da hularsa.

"Buta. Buta na rubuta. Yarinyan nan ne bakinshi ba ya iya faɗi. Sau talatin mun yi recording, bota, bota, na gaji na bar shi."

"Wace buta?"

"Wane buta kuma? Jan nan. Wa ya cire shi daga wuta ya tafi da shi? Wata uku muna shan sanyi a ɗakin nan."

Sai a lokacin Zaratu ta gane. Ita ce fa. Ita da ta shekara huɗu tana gyara wa mutumin nan "ya" zuwa "ta", ranar da "ya" ɗin ya zama nata sai ta miƙa wa mai ganga. Ledar daddawar ta yi mata nauyi a hannu.

"Ai sai ka ce ta tafi," ta faɗa, muryarta ta yi ƙasa.

"Ba wanda zai gyara ni. Mai gyaran ya tafi."

Sharon ta ce da Turancinta ita tun farko ta san waƙar Anti Zaratu ce, ta ɗauka ma kowa ya sani. Ta ƙara da cewa akwai wani Mai Gyaran Hausa da ke zaginta a intanet, kuma wallahi mutumin yana da gaskiya. Zaratu ta ce ita ba ta cika shiga intanet ba.

Gariba ya ce suna da wasa a wani fili a Croydon ƙarshen wata, suna neman mai amshi a baya. A baya, ya sake faɗa, don kada a yi rigima daga baya. Gaba na Sharon ne.

"Zan zo in an mayar da ita ta tafi."

"Ƙasa duka yana cewa ya tafi. Ki je ki gyara su ɗaya ɗaya."

Zaratu ta sauka. Asabar ta gaba ta hau da butar a jaka, ta jona ta a soket ɗin da ta cire ta, ba ta kalli kowa ba. Sati uku Wilmer yana buga mata ƙirga a kan tebur da cokali har kiɗan ya daina guje mata.

Ran wasan rana ta fito sosai. Sharon a gaba da jar rigarta, mutane suna kiran sunanta, Zaratu a baya kusa da sifika tana kallon ƙeyarta, tana lura cewa kitson ma ba a yi shi daidai ba. Duk sanda Sharon ta ce "ya tafi", Zaratu sai ta matso makirfo ta ce "ta", gajere, daidai kan ganga. Kafin amshi na uku rabin filin sun kama, suna ta "ta, ta", sun ɗauka salon Kolombiya ne.

Da aka gama Gariba ya shiga gabatar da mutanensa. Ya nuna ta da wuyan jita.

"Wannan shi ne Zaratu, mai buta. Ya dawo."

Makirfo ɗinta a kunne yake. Ta ja numfashi za ta gyara shi, sai ta ji filin yana tafi, ta bari sai sun sauka.