Ranar Da Muka Kashe Inji A Binuwai

Daga Limawa zuwa Fufore

Ladanin masallacin bayan gidanmu bai gama gyaran murya ba na fito da jakata. Ni Kirista ce, amma shekara da shekaru wannan bawan Allah ne agogona a unguwarmu ta Limawa da ke Jimeta, kuma bai taɓa sa ni makara ba. Maigidana Bitrus ya rako ni bakin titi da zanen barci a kafaɗa, yana mita.

"Rifkatu, gwamnati biyu sun rasa wanda za su aika cikin kogi sai ke, da ko a baho tsoron ruwa kike yi?"

"Koma ka kwanta," na ce. "Kar dai ka manta da kajina."

Ga abin da ya fitar da ni. A can gabas, inda Binuwai ke shigo mana daga Kamaru, akwai wata tungar masunta a kan tsibirin yashi. Mutanen bakin tafkin Chadi ne, waɗanda tashin hankali ya koro. Ma'aikatan rigakafinmu sun sha zuwa su tarar da bukkoki babu kowa, su dawo su ce mutanen sun ƙaura Kamaru. Ashe na Kamaru ma haka suke tararwa, su koma su ce an ƙaura Najeriya. Da manyan lafiya na ƙasashen biyu suka zauna suka haɗa labari, sai suka ga kowa ya bar wa ɗan'uwansa yaran da babu mai duba su. Aka yanke shawara a je rana ɗaya, mu daga nan, su daga can, a haɗu a tsibirin. In aka sake samun sa fayau, to an tabbatar babu kowa, ba za a ƙara tura jirgi ba. Ga kuma ƙyanda tana bin bakin kogi da zafin bazara.

Ba aiko ni aka yi ba, ni na ɗaga hannu. A shekarar da masu gudun hijira suka cika Jimeta da ƙunshin kaya a ka, wata mata mai suna Yagana ta zauna a ɗakin bayan gidanmu da tsohon ciki. A hannuna ta haihu, da yake ni ma'aikaciyar jinya ce. Ni na yi wa jaririyar allurarta duka, har ta fara tafiya, sannan mijin Yagana ya zo ya tafi da su neman inda akwai ruwa da kifi. Wata mai sayar da banda a kasuwa ce ta taɓa ce mini ta ga mai kama da ita a wannan tsibiri.

Motar ofis ta ɗauke ni, muka biya muka ɗauki akwatin allura, muka ratsa cikin Yola gari bai gama wayewa ba. Masu kai nono suna shigowa a jere, ƙwarya a ka, ba ka jin takunsu. A shingen sojoji na hanyar Fufore wani matashin soja ya leƙo.

"Madam, menene cikin kula? Shinkafa ne?"

"Allurar yara ce, ɗana. In na buɗe, sanyinta zai gudu."

Ya sa tafin hannu a jikin akwatin, ya daɗe bai ɗauke ba. Ya ce tasa 'yar tana can gida, bai gan ta ba tun tana rarrafe. Ya ɗage mana itacen.

Bakin ruwa

A Fufore muka yi hantsi muna jiran takardar izinin shiga iyaka. Na ci dakkere da kindirmo a gindin wata bishiyar maina, barci yana fizgata. Da rana ta karya muka hau babura. Hanya ta bi ta cikin gonakin masakwa, dawar rani, da aka riga aka girbe, ƙasa duk ta tsage. Can nesa duwatsun Alantika sun yi shuɗi, zafi yana sa su rawa, har na rasa ko su ke tafiya ko mu.

A ƙauyen bakin ruwa akwai ɗan asibiti mai firjin hasken rana. Nan na kwantar da allurata da ƙanƙarata. Mai kula da wurin ya gargaɗe ni cewa a zafin nan, daga fitowar rana zuwa la'asar kawai ƙanƙarar za ta kai ni. Matar jauro, wato mai garin, ce ta sauke ni. Ta ba ni tuwon dawa da miyar kuka da man shanu, ta shimfiɗa mini tabarma a tsakar gida. Kafin magariba na sauka na kalli kogin. Wannan ruwan ne dai yake wucewa ƙarƙashin gadar Jimeta, amma a nan ba ya sauri, kuma da alama bai san akwai wata iyaka a gabansa ba.

A kan Binuwai

Gari na wayewa mai jirgi, Bappa Hammadu, ya ɗaura mini rigar ruwa mai ruwan lemo, ya ga yadda na ƙanƙame gefen jirgi.

"Sista, saki katakon nan, ba zai gudu ba. Ruwan bazara ne, in kin faɗa ma iyakarsa ƙugunki."

Ya ja igiyar inji, ƙara ta cika kogin. Bayan ɗan lokaci tsoro ya gaji ya bar ni. Hazon safiya yana tashi daga ruwa, tsibiran yashi suna fitowa suna ɓacewa. Balbelu sun yi layi a kan wani busasshen kututture. Wani bafillace tsaye cikin ruwa da shanunsa, shi da su babu mai motsi. Na riƙa gyangyaɗi, ina ganin ɗakin bayan gidanmu yana tafiya a kan ruwa tare da mu, ƙofarsa a buɗe, Yagana zaune a ciki tana tsefe kai. Na tambayi Bappa ina Najeriya ta ƙare.

"Wajen can," ya ce, ya yi nuni da haɓa zuwa inda babu komai sai ruwa. "Bara ma ba nan take ba, yashi ya matsa."

Hantsi ya ɗaga muka hango hayaƙi. A daidai lokacin wani jirgin ya ɓullo daga gabas, shi ma da ƙararsa, shi ma da mai rigar ruwan lemo a ciki. Muka taka yashi kusan tare. Mai rigar doguwar mace ce mai tabarau, Madam Aisatu daga Garwa ta Kamaru. Faransancinta bai yi mini amfani ba, Turancina bai yi mata ba, sai muka haɗu a Fillancin kasuwa da Hausa.

"Jam na, Adda?"

"Jam. Sannu da hanya."

Muka rungume juna kamar mun taɓa haɗuwa, muka ɗauki akwatunanmu muka shiga tunga.

Tsibirin

Babu kowa. Bukkokin ciyawa a buɗe, koma a shanye, takalmin yaro ƙafa ɗaya a kan yashi. Tukunya tana tafasa ita kaɗai. A murhun banda an jera tarwaɗa a kan raga, wuta tana ci a ƙarƙashi. Bayan bukkokin doguwar ciyawar ruwa ce, ta fi mutum tsawo, iska tana kaɗa ta. Mun yi sallama har murya ta dushe.

Madam Aisatu ta cire tabarau ta share ido. "Haka na tarar wancan karon. Adda, wa ke ƙaura ya bar tukunya a wuta?"

A bakin ruwa injinan nan biyu suna ta gurnani, masu jirgi ba su kashe ba don suna zaton yanzu za mu juya. Ina jin ƙarar sai na tuna wani abu. A Limawa muna da maƙwabci mai injin niƙa. Duk safiyar da ya tayar da shi, sai in nemi Yagana in rasa, in same ta a bayan randa ta dunƙule da jaririya. Ta taɓa gaya mini cewa waɗanda suka ƙone garinsu da ƙarar inji suka zo, wasu a babur, wasu ta ruwa.

Na koma bakin ruwa da gudu. "Bappa, don Allah ku tafi, ku duka biyun. Ku yi nisa yadda za a ji ƙararku ta mutu. Sannan ku kashe inji, ku dawo kuna tuƙi da gora."

"In bar ki a nan? Me zan ce wa jauro?"

"Ka ce masa taurin kai gare ni. Maigidana zai ba da shaida."

Muka tuɓe rigunan ruwan muka jefa musu. Ƙara ta yi ta raguwa har ta ɓace. Ban taɓa jin shiru irin wannan ba. Muka tura akwatunan cikin inuwar wata bukka, muka lulluɓe su da jiƙaƙƙen zane, muka zauna a ƙasa. Rana ta hau tsakiya. Yashi ya yi fari har ido ba ya iya kallonsa. Na girgiza akwatina a hankali, na ji ƙanƙara ta fara iyo cikin ruwanta. Madam Aisatu tana jan carbi, ni ina addu'ata a zuci, wani tsuntsu yana ta maimaita kuka ɗaya. Na ji kamar mun shekara a wurin, kamar mu ma 'yan tungar ne da aka manta.

Ƙauri ne ya farkar da ni. Kifin nan ya fara ƙonewa. Ni kuwa ko a gidan wa nake, ba na iya zama abinci yana ƙonewa a gabana. Na tashi na kama wata tarwaɗa zan juya, ta manne da raga, na ja, ta rabe biyu. Na kama ta biyu, ita ma haka.

"Ke! Ke baiwar Allah!"

Daga cikin ciyawa muryar ta fito, muryar tsohuwa, a fusace.

"Ba a ja! Janye itacen tukuna! Wa ya koya miki banda?"

"Babu kowa, Kaka," na ce da ƙarfi. "Ki zo ki nuna mini, kafin in gama da sauran."

Ciyawa ta buɗe. Wata 'yar ƙaramar tsohuwa ta fito jiƙe har wuya, ta ture ni gefe, ta janye itace, tana juya kifinta tana yi mini faɗa. Ban taɓa jin daɗin faɗa irin na ranar ba. Sai wata murya daga baya, a hankali:

"Sista? Sista Rifkatu?"

Ta rame, ta yi duhu, amma Yagana ce. A bayanta mata suka riƙa fitowa, yara a goye, yara a kafaɗa, ruwa yana ɗiga daga zannuwansu.

Muka buɗe akwatuna da sauran sanyinsu. Madam Aisatu tana ɗiga na baki, ni ina yin na hannu, tsohuwar nan tana riƙe mana masu zillewa. Babu wanda muka tambaya ɗan wace ƙasa ne. Da nawa sirinji ya ƙare na ci gaba da nata. Kafin la'asar mun gama da kowane yaro, ƙanƙarar ta zama ruwa zalla.

Sannan Yagana ta jawo wata yarinya doguwa, ta ɗage mata hannun riga. Ga ɗan tabon allurar haihuwa, aikin hannuna.

"Falmata ce. Ita kaɗai ƙyandar ba ta kayar ba."

"Ƙannenta fa?"

Ta kai ni bayan bukkarta, inda yashi ya ɗan yi tudu a wuri biyu, an kewaye da ƙaya.

"Jirginku ya zo bara, kafin ƙyanda," ta ce. "Ina cikin ciyawar can, ruwa har ƙirji. Na toshe bakin Modu da hannuna don kar ya yi kuka a ji. Na iya ɓuya, Sista. Na ɓoye su da kyau."

Na riƙe ta muka yi kuka, Madam Aisatu tana tsaye a gefe tabarau a hannu. Da muka lafa Yagana ta dube mu ɗaya bayan ɗaya.

"Wace gwamnati ce ta aiko ku?"

"Duka biyun," in ji Madam Aisatu.

Yagana ta juya maganar a ranta, ta ce: "Ashe akwai mai nemanmu ba don ya kore mu ba."

Komawa gida

Jiragen sun dawo da gora, ba ka jin komai sai ɗigar ruwa. Ni da Madam Aisatu muka yi alkawari kowa zai gaya wa manyansa abu biyu: akwai mutane a tsibirin, kuma duk mai zuwa ya kashe inji tun daga lanƙwasar kogi. Tsohuwa ta ƙunsa mini tarwaɗa biyun da na fasa, ta ce wanda ya ɓata shi zai ci. Muka rabu a tsakiyar ruwa, Madam ta yi gabas, na yi yamma, muna ɗaga wa juna hannu har hasken yamma ya shanye ta.

Na sake kwana gidan jauro, washegari da azahar na sauka a Limawa. Bitrus ya shinshina jakata, ya ce gwamnati biyu sun biya ni da fasasshen kifi. Na gode wa Allah da ya kai ni ya dawo da ni. Na gode wa Bappa Hammadu, da matar jauro, da 'yar'uwata ta Garwa, da tsohuwar da ban ma tambayi sunanta ba.

Da safe maƙwabcinmu ya tayar da injin niƙansa kamar kullum. Ina tsakar gida da tsintsiya a hannu, sai na ga na nufi ɗakin baya, na leƙa bayan randa.