Gwanin Rijiya da Attajirin Waya

Murhu uku ne a tsakar gidanmu na Kusfa, amma na Iya Dije shi ne ba ya saurin mutuwa. Ita ta haifi mahaifinmu. Ƙosai take soyawa da safe, don haka da an idar da sallar isha sai ta zauna gyaran waken gobe, tana tura karan dawa a wuta don ta ga abin da hannunta ke yi. Mu jikoki mu kewaye ta, ni da yayata Hadiza da 'ya'yan baffanmu, kowa ya miƙa tafin ƙafa wajen garwashi. In ta ga dama ta binne mana dankali a toka. In ba ta ga dama ba ta ce wanda ya ci tuwo ba ya roƙon dankali.

Mace ce mai wuyar yarda. Mai tallar magani in ya tsaya a zaure yana jero cututtukan da maganinsa ke kashewa, sai ta aika a tambaye shi ko shi ya taɓa sha. In ana jawabi a rediyon Baba, takan saurara har ƙarshe, sannan ta taɓe baki ta ce, "Wannan sai da ya ƙoshi ya fara magana." Ni kuwa maigidanta take kira na, irin wasan kaka da jika, amma ko ni in na kawo mata labari daga makaranta sai ta ce, "Kai ka gani, ko gaya maka aka yi?"

Ba ta buɗe tatsuniya yadda sauran tsofaffi ke yi. Cewa take, "Ga wata nan ta taso, wa zai tare ta?" Mu ce, "Mu ne nan, Iya."

Wadda ta fi zama mini a rai ita ce ta Tanko mai haƙar rijiya.

Wai a wani gari ne mai ƙarancin ruwa. Kowane gida da 'yar rijiyarsa, ruwan duk zartsi, da rani kuma sai an kankari ƙasa. Sai Tanko ya tashi ya haƙa wata rijiya a tsakiyar gari, mai zurfin da ba a taɓa gani ba, ya cim ma ruwa garai-garai mai sanyi, ba ya ƙafewa. Iya takan tsaya a nan ta ɗaga yatsa. "Ku riƙe wannan. Gwani ne. Ban ce ba gwani ba ne."

Gari ya koma shan ruwan Tanko, Tanko ya yi arziki. Ran nan ya fito daga rijiya ya ce shi in yana can ƙasa yana ganin taurari da rana tsaka, kuma taurarin suna gaya masa abin da zai faru. Mutane suka ce ai wanda ya gano ruwa inda kowa ya kasa, ba abin mamaki ba ne ya gano gobe. Aka fara tambayarsa ranar shuka. Daga nan sai ranar tafiya fatauci. Kafin a jima, shi ke faɗin wanda ya dace da sarautar gari, da wanda bai kamata a saurara ba a taro. Can sai ya ce taurari sun ce ƙananan rijiyoyin gidaje suna janye ruwan babbar rijiya, in ba a cike su ba gari zai mutu da ƙishirwa. Aka yi ta zuba ƙasa da duwatsu, gida-gida.

Sai wata maginiyar tukwane, Kande, ta lura da abu guda. Tanko ya yi ƙiba, ya yi tumbi, igiyar da yake sauka da ita har yanar gizo ta rufe ta a jikin bango. A gaban jama'a ta ce, "Tanko, yaushe rabonka da shiga?" Ya ce ba maganar mata ba ce. Ta ce to ita za ta shiga. 'Ya'yanta suka riƙe igiya, ta sauka, ta daɗe, aka jawo ta tana rawar sanyi.

"Me kika gani?" in ji jama'a.

Iya takan canza murya a nan, ta yi ta ƙasa-ƙasa. "Ta ce, bai yi ƙarya ba, akwai tauraro. Na gan shi. Amma ba ya magana. Kuma duk sararin da ake hange daga can bai fi faifai ba."

Mu a lokacin jira muke a kama Tanko, a yi masa dukan kawo wuƙa. Hadiza ta taɓa tambaya, "Iya, sai aka kore shi?"

"Wa zai kori mai ruwa?" in ji Iya, tana watsa dusar wake gefe. "Da safe kowa ya ɗauki tulunsa ya koma layi. Ƙishirwa ba ta gardama. Waɗanda suka ji maganar Kande dai suka koma tonon rijiyoyin da suka cike da hannunsu, wasu shekara biyu suna yi."

"Shi ke nan?"

"Ta tsaya nan. Mai sauran tambaya ya kwana da abarsa."

Mukan tashi muna gunaguni. Ni dai na ɗauke ta a cikin tatsuniyoyin Iya marasa daɗin ƙarshe, na ajiye. Ta rasu ina aji biyu a sakandare. Na girma, na zama malamin Turanci a wata makaranta a Tukur-Tukur, na yi iyali a Ƙofar Jatau, kuma zan iya rantsewa na fi shekara talatin ban tuna da Tanko ba.

Bara ne, zaɓe na matsowa, abokin aikina Malam Bitrus, mutumin Wusasa mai koyar da lissafi, ya same ni a ofishin malamai ya miƙo mini wayarsa.

"Malam Sani, wannan ba muryar ɗanka ba ce?"

Ita ce. Bidiyon wani attajiri ne na ƙasar waje, mai kamfanin manhajar nan da rabin samarinmu ke kwana suna tashi a kanta. Yana zaune cikin 'yar riga mara ado kamar wanda bai ajiye komai ba, yana magana a natse, muryar ɗana Mubarak kuma tana bi da Hausa. Wai zaɓe tsohon yayi ne. Wai jama'a ba su san abin da zai amfane su ba, gara a bar wa tsirarun masu basira da na'urorinsu su tsara duniya. Wai nan gaba kaɗan na'ura ce za ta yi aikin likita da alƙali da malami. Jaridu da gidajen rediyo kuma ɓata lokaci ne, tunda duk gaskiyar da mutum ke nema tana cikin manhajarsa.

"Ɗalibaina na ajin ƙarshe suna ta yawo da shi," in ji Malam Bitrus. "Uku sun gaya mini ba za su je karɓar katin zaɓe ba. Suka ce ai ɗan Malam ne ya faɗa."

Mubarak kwamfuta ya karanta. Shekara biyu ya yi yana zaman gida kafin ya samu aiki ta intanet da kamfanin mutumin nan, yana duba musu Hausar da manhajarsu ke rubutawa. Ranar da ya samu aikin uwarsa har kuka ta yi. Fassarar jawaban attajirin kuwa ba wanda ya sa shi, shi ya ɗora wa kansa don ƙauna.

Da la'asar na kira shi zaure. Na ɗauka zai sunkuyar da kai, sai na tarar ya shirya.

"Baba, sau nawa ka yi zaɓe? Kwatar bakin layinmu tun ina firamare ake alkawarinta. Mutumin nan bai taɓa yi mana alkawari ba, amma abin da ya ƙera yana aiki. Da shi nake ci. Ko ba komai shi ya nuna ya iya wani abu."

"Ya iya ƙera manhaja," na ce. "Wa ya ce ya iya mu?"

"To su waɗanda muke zaɓa sun iya mu?"

Gaskiya ya faɗa game da kwatar, ni ma ina tsallaka ta kullum. Na sallame shi, amma wani abu ya tsaya mini a rai. Tun ina sauraron fassarar a wayar Malam Bitrus na ji wani wuri da maganar ta yi tsalle, kamar an cire shafi daga littafi. Shekarun da na yi ina duba rubutun ɗalibai sun koya mini gane inda yaro ya tsallake abin da ba ya so a gani.

Washegari na roƙi Malam Bitrus ya nemo mini hirar ta asali. Ta fi awa guda. Na zauna a aji bayan an tashi na saurare ta duka. Can kusa da ƙarshe mai tambaya ya ce, to ƙasashen da ke cike da matasa marasa aiki fa, ina makomarsu a wannan duniya da kake zanawa? Attajirin ya yi murmushi, ya ce tarihi ba ya ɗaukar kowa da kowa. Sannan ya kira su da kalmar da 'yan kasuwa ke faɗa wa kayan da aka tashi kasuwa ba a saya ba. Bai ɗaga murya ba. Da irin muryar da ya yi maganar na'urori ya faɗe ta, ya kurɓi ruwa, suka wuce wata tambaya.

A nan ne Iya Dije ta faɗo mini, ina zaune a kan bencin ɗalibai. Ina yaro na ɗauka laifin Tanko ƙarya ce. Ashe ba ta taɓa cewa ya yi ƙarya ba. Ruwansa na gaske ne, tauraron ma yana nan. Abin da ya faru shi ne mutum ya ƙware a abu ɗaya, sai aka miƙa masa sauran duka, shi kuma bai ce a'a ba. Na kuma gane dalilin da ya sa ba ta yarda a kore shi ba. Ta san ba haka duniya take ba. Mai ruwa yana nan da ruwansa, kai ma kana nan da ƙishinka, abin da ya rage maka shi ne kada ka cike taka rijiyar don ya ce taurari sun ce. Ina zargin ma ba don yara take ba da wannan tatsuniyar ba. Baba da baffa suna jin ta daga ɗakunansu, a shekarun da kowane mai hannu da shuni ke da ra'ayi a rediyo.

Na koma gida na kunna wa Mubarak wurin. Ya saurara yana kallon ƙasa.

"Me ya sa ka yanke?"

"Ba mu yake nufi ba, Baba."

"Su wa yake nufi?"

Can ya ce, "Na ga in na sa, mutane za su juya masa baya gaba ɗaya, su bar har abin da ya faɗa mai amfani."

"Wato ka yanke musu hukunci ba su san abin da zai amfane su ba. Ka ga ka fara koyon karatunsa."

Na ga maganar ta shige shi, na kuma ga tsoro a fuskarsa. Ya ce in ya saki wannan wurin bai san ko kamfanin zai gani ba, bai kuma san me za su yi in sun gani ba. Ni ma ban sani ba. Ban ce masa ya bar aikin ba, don ba ni da wani da zan ba shi. Na ce ko dai ya fassara magana dukanta, ko ya cire muryarsa daga bakin mutumin.

Kwana huɗu ba mu sake tayar da zancen ba. Uwarsa ta ce na takura wa yaro, in aikin ya salwanta ni zan riƙe shi. A rana ta biyar, bayan magariba, ya shigo ɗakina da kwamfutarsa ya ajiye a gabana.

"Baba, ka duba mini kafin in ɗora murya."

Ya dawo da wurin da ya yanke. Har yanzu a saman rubutun ya kira mutumin haziƙi, ban taɓa wannan ba. Na bi layi-layi har na zo kan kalmar. Ya rubuta wai matasan "sun yi yawa."

"Ba haka ya ce ba."

"Kusan haka ne."

"Mubarak, kakarka ta wajen uwa tumatir take sayarwa. In an tashi kasuwa da saura a kwando, me take ce masa?"

Daga waje ina jin abokansa suna kiransa, samari uku da suka gama makaranta tare, har yau ba wanda ya samu aiki a cikinsu. Ya ɗaga murya ya ce su jira shi. Sannan ya jawo kwamfutar gabansa, ya goge abin da ya rubuta, ya sa "kwantai."