Lahadin da Ba Na Amsa Gaisuwa

A shekarun da aka mai da Jalingo babban birnin jiha, ni na riga na ajiye aiki. Na koyar a aji, na yi hedimasta, na ƙare a ofishin ilimi ina zagaya makarantu, kuma duk inda na zauna an san ni da abu biyu: ba na makara, ba na kuma wuce mutum ban gaishe shi ba. Gidana yana unguwar Barade, a tsakiyar Musulmi, domin na gina shi tun mutane ba su fara duba addinin maƙwabci kafin su kafa tubali ba. 'Ya'yanmu duk sun tashi, wasu suna Kaduna, ɗaya yana Legas. Muka rage mu biyu, ni da mai ɗakina. Sai a wata damina ciwon shanyewar ɓarin jiki ya kwantar da ita, harshenta ya yi nauyi, ƙafarta ta dama ta daina ɗaukarta. Daga nan gidan ya koma kamar makaranta a lokacin hutu.

Matar nan, tun muna matasa ban san ta da fashin Mas, wato addu'ar Lahadi a coci, ba. Kwanciyar ta dame ta, amma abin da ya fi cin ranta shi ne Lahadi ta zo ta wuce ba ta karɓi Tarayya ba, wato tsarkakakkiyar gurasar da muke kira Jikin Kristi. Fadan da ke cocinmu a lokacin, wato limaminmu, matashi ne, ɗan ƙasarmu, ɗalibin ɗalibaina. Yakan zo gidan idan ya samu sarari, sai dai sararin ba ya samuwa, don ƙauyukan da ke wuyansa sun yi yawa, da an tashi daga Mas na farko sai ya hau babur ya nufi bayan duwatsu. Wata rana ya kira ni ɗakin da ke bayan bagade, teburin hadayar coci, ɗakin da yake sa tufafin hidima, ya ce, "Baba, daga yau kai ne za ka riƙa kai wa Mama Tarayya. Bishop ya ba da izini."

Tsoro ya kama ni. Dole in bayyana dalili, domin masu tasowa yanzu ba za su gane nauyin wannan magana ba. Mu da fararen Fada suka rena a makarantar mishan, an koya mana cewa gurasar nan, da zarar an tsarkake ta, ba gurasa ba ce kuma, Ubangiji ne da kansa, kuma babu hannun da ya isa ya taɓa shi sai hannun da aka shafe da mai. Na yi hidima a gaban bagade da Latin tun ban san ma'anar abin da nake amsawa ba. Ni ne nake riƙe faranti ƙarƙashin haɓar masu karɓa, kada ko ɓurɓushi ya faɗi ƙasa. Na ga yadda Fada yake haɗe babban yatsa da manuni bayan ya taɓa Jikin, ba ya raba su sai ya wanke. Daga baya manyan Ikilisiya suka taru a Roma, aka juyo da bagade ya fuskanci jama'a, aka shigo da Hausa da ganga da tulu da kacau-kacau. Duk na karɓa, don ni mutum ne mai biyayya. Amma ban taɓa tsammanin wata rana za a ɗora Ubangiji a tafin hannun tsohon malamin lissafi a ce ya ratsa gari da shi ba.

Na karɓi aikin saboda mai ɗakina. Fada ya ba ni wata 'yar batta mai ruwan zinariya ta ɗaukar Jikin, wadda ba ta wuce murfin kwalba ba, a cikin 'yar jakar fata mai igiya. Ya rataya mini a wuya, na tura ta cikin riga, a kan ƙirjina.

Akwai abu ɗaya da bai gaya mini ba, wanda ni kuwa na sani tun ina ƙarami. Idan farin Fada zai kai Tarayya ga marar lafiya a ƙauyenmu, ba ya magana da kowa a hanya. Ko sarkin gari ya tare shi, sai dai ya sunkuyar da kai ya wuce, kuma kowa ya san abin da yake ɗauke da shi. Wanda yake tare da Sarkin sarakuna ba ya juyawa ya tambayi wani labarin shanu. Saboda haka ranar Lahadin farko na fito daga coci hannuna na dama a kan ƙirji, idanuna a ƙasa, bakina a rufe.

Ban tuna da Alhaji ba sai da na karyo kwanar layinmu.

Alhaji maƙwabcina ne, Bafillatani, tsohon dillalin shanu. Gidansa yana gaban nawa, kuma babu hanyar da zan bi zuwa ƙofata sai ta gindin darbejiyar da yake shimfiɗa tabarma shi da dattawan layi. Tun 'ya'yanmu suna rarrafe muke tare. Abokan aikina sun mutu ko sun koma ƙauyukansu, 'yan cocinmu kuwa suna girmama ni daga nesa kamar tsohon gini, don haka a gaskiya shi kaɗai ne abokin da ya rage mini a garin. Da shi nake raba goro, da shi nake sauraron labaran rediyo muna gardama.

Ya hango ni ya ɗaga murya yadda ya saba, ya fara da ina kwana ta Fillanci: "Hedimasta, a waali jam? Yau me Fada ya ce, za mu shiga aljanna ko ku kaɗai ne?" Dattawan suka yi dariya. Na sunkuyar da kai na wuce. Na ji dariyar ta yanke a bayana.

Abin da na tarar a ɗaki ya sa na manta da su na ɗan lokaci. Na shimfiɗa farin ƙyalle a kan tebur, na kunna kyandir, na ɗaga mai ɗakina na jingina ta da filo. Na buɗe battar. Na ce, "Jikin Kristi." Ita da kalma ɗaya take yi mata wuya, ta ce "Amin" tsaf. Muka zauna shiru, ni da ita da Shi, har kyandir ya yi rabi.

Da yamma na fito gindin darbejiya kamar kullum. Alhaji ya dube ni ya ce, "Da safe kurma ne ya wuce da rigarka?" Na ce wani uzuri ne. Ban ƙara ba. A tarbiyyar da aka yi mana, ba a kai abubuwa masu tsarki majalisa a sa su tsakanin goro da labarin kasuwa. Kuma na san idan na faɗa, tsokana za ta biyo baya, ni kuwa zan jure a tsokane ni, amma ba a kan wannan ba.

Lahadi ta sake zuwa, na sake wucewa. Ta uku ma haka. Waɗannan shekaru ne da zaman garin ya ɗan yi tsami, an yi tashin hankali, mutane sun fara ƙaura zuwa unguwannin da suke ganin nasu ne, kuma akwai sababbin masu wa'azi ta kowane ɓangare da ke hana mabiyansu gaida wanda ba nasu ba. Don haka aka fassara shiruna yadda zamani ya koya wa mutane. Aka ce Hedimasta ya shiga sabuwar aƙida, idan ya fito daga coci ba ya amsa sallamar Musulmi. Alhaji ya daina tsokanata. Idan na zo da yamma sai ya matsa mini a tabarma, ya amsa gaisuwa a taƙaice, ya ƙara wa rediyo murya. Goro kuwa ya daina fitowa daga aljihunsa. Da na ga haka ni ma na rage fita. Sai in zauna a baranda ina jin muryoyinsu ta saman katanga.

Na kai maganar wurin Fada, ina tsammanin zai ƙarfafa mini gwiwa. Dariya ya yi. Ya ce, "Haba Baba! Ai gaishe su za ka yi. Babu wanda ya ce ka tsaya hira, amma Yesun da kake ɗauke da shi, da ƙafarsa yake ratsa gari yana magana da masu kamun kifi. Kana ganin zai wuce Alhaji bai ce sannu ba?" Na ce, "Fada, da ya ga dama ya yi magana, shi ya san yadda zai yi. Ni ɗan dako ne." Ya girgiza kai ya ce, "Ku tsofaffin nan, kun fi Paparoma Katolika." Ban ji haushinsa ba. Na yi ta juya maganarsa kwana da kwanaki, kuma na yarda akwai gaskiya a cikinta. Sai dai mutumin da aka gina shi a kan tsoron Allah iri guda ba ya sake gini yana da furfura. Na gwada a raina in buɗe baki in ce sannunku, battar tana kan ƙirjina, na ji ba zan iya ba.

Mai ɗakina ce ta tura ni. Matar Alhaji takan shigo ta shafa mata man zafi a ƙafa, kuma ta wurinta ta ji komai. Wata safiya ina ba ta kunu ta kau da kai, ta yi ta kokawa da harshenta har ta fitar da kalmomin: "Ka je. Ka gaya masa."

Na zaɓi ranar Talata da hantsi, lokacin da na san shi kaɗai ne. Na sa kwat ɗina kamar zan je ganin babban jami'i. Na yi sallama, na zauna, na bayyana masa daga farko, a tsare, yadda nake koyar da darasi: jibin ƙarshe da Yesu ya ci da almajiransa, gurasa, kalmomin da Fada yake faɗa, da abin da muka gaskata yana faruwa bayan ya faɗe su.

Ya saurara yana jan carbi. Da na gama ya ce, "Wato kana nufin Annabi Isa ne a cikin 'yar battar nan da kake ratayawa kamar laya?"

Na ce, "Shi ne."

"Shi da kansa? A Barade?"

"Shi da kansa."

Ya ce, "Hedimasta, wannan kam ban yarda ba, kuma ba zan yarda ba har a kai ni kushewa."

Na ce, "Ban zo don ka yarda ba, Alhaji. Na zo don ka sani ba gaba nake yi da kai ba."

Ya ce, "Mu ma idan mutum ya ta da kabbara, ko uwarsa ce ta kira ba ya waiwaya. Wannan ba baƙon abu ba ne. Abin da ya ƙona mini rai, tun gashinmu yana baƙi muke zaune a nan, ka bar ni ina kare ka a gaban mutane ban san me nake karewa ba. Ka ɗauka ni jahili ne, zan yi dariya?"

Na ce, "Ai za ka yi."

Ya ce, "Zan yi mana. To sai me?"

A haka muka rabu. Bai miƙo goro ba, ni ma ban jira ba.

Lahadin da ta biyo, da na karyo kwana sai na ji rediyo ta mutu. Wani baƙo a cikinsu ya buɗe baki zai gaishe ni, Alhaji ya ɗaga masa hannu. Suka yi tsit har na shige gida. Daga ranar abin ya zama ƙa'idar layin. Mai shago yakan dakata da awo, matan da ke ɗiban ruwa a famfo sukan rage murya, masu acaɓa na bakin layi sukan bar ni in wuce ba su yi mini tayi ba. Ban san abin da ya gaya musu ba, ban kuma tambaya ba. Na samu girmamawar da ko a coci ban ga an yi wa Jikin Ubangiji irinta ba, daga mutanen da ba su gaskata da shi ba. Amma shirun bai tsaya a Lahadi kaɗai ba. Ya bi ni zuwa sauran kwanaki. Mutane suka fara gaishe ni a hankali, kamar mai takaba, babu mai ja na da wasa. Tsakanina da Alhaji kuwa sai gaisuwa cikakkiya, mai ladabi, wadda ba ta kai mutum ga zama. Haka na yi damina biyu ina ratsa layin nan da Ubangiji a ƙirjina, babu wanda zan ce wa yau ƙafata tana ciwo.

Mai ɗakina ta rasu bayan bikin Ista, da rana tsaka, ina riƙe da hannunta mai lafiya. 'Ya'ya suka zo, matan zumuntar coci suka cika gida da waƙa, Alhaji da dattawan layi suka zauna a ƙofar gida kwanakin makoki suna karɓar gaisuwa tare da ni. Sannan kowa ya watse. Na mayar wa Fada battarsa.

Lahadi ta farko da na koma coci, na fito bayan Mas na bi hanyar da na saba. Da na karyo kwana, rediyo ta mutu, dattawan suka yi tsit. Sun san ta rasu, su ne suka taya ni zaman makoki, amma sabo ya riga tunani. Ni ma sai na tarar hannuna yana kan ƙirji, a kan riga kawai. Na yi taku kaɗan a haka, har na kusa wuce tabarmar, kuma na san idan na wuce yau, haka zan yi ta wucewa har a fitar da ni daga layin a akwati.

Na tsaya. Na sauke hannuna. Na ce, "Salamu alaikum."

Alhaji ya ɗaga kai ya dube ni, ya dubi wuyana inda a da igiyar take fitowa. Ya ce, "Wa alaikumus salam. Yau kai kaɗai ne?"

Na ce, "Ni kaɗai ne."

Ya matsa gefe, ya kakkaɓe tabarma da tafin hannu. Ya ce, "To zauna mana, ka tsaya mana a ka kamar mai duba makaranta." Ya laluba aljihu ya ciro goro, ya ɓare, ya duba ɓarin biyu, ya miƙo mini ƙaramin.