Matacin Taliya Daidai Kai

A wata kasuwar Buenos Aires, wani dattijo yana tsaye gaban rumfar Doña Nélida mai tukwane. Kwat ɗinsa ta sha guga, amma wuyanta ya koɗe. Bayan kunnensa akwai ragowar fenti ruwan azurfa.

Yana ɗaga matatan taliya ɗaya bayan ɗaya. Bai damu da hudojin ba, faɗin bakin yake aunawa da tafin hannu.

"Na maiɗakina ne," in ji shi, ba tare da an tambaye shi ba. Muryar mai cika ɗaki ce, wataƙila ta taɓa sa 'yan kallo yin tsit a babban dandamali.

Muryar ce ta tona shi. Shi ne Sarkin Wata na sabon shirin talabijin da ke shaƙiyanci da fina-finan kumbo masu araha. Kai tsaye ake nunawa, babu gyara. Ranar Asabar matacin taliyar da yake sawa a ka a matsayin kambi ya zame ya rufe masa ido, ya yi karo da kumbon kwali. Nélida, da ke kallo a ranar, ta yi dariya har da hawaye.

Yanzu yana waige-waige. Ya cire hula, ya kifa ɗaya daga cikin matatan a sanƙonsa, ya girgiza kai. Kunnuwansa sun yi jawur.

Nélida ta naɗe masa da jarida ninki uku, idonta a ƙasa.

"A gaida uwargida, señor. Wannan ba ya zamewa."

Sai da maganar ta fita ta ji abin da ta faɗa. Dattijon ya ɗaga mata hula a hankali, kamar sarki.