Sunan da Na Hana Babana Ya Kira

Shekarata ashirin da tara a lokacin, ina da ɗan shagon sayar da kayan gyaran babur a Parakou, ina haya a unguwar Kpébié, kuma in faɗi gaskiya ina jin kaina fiye da kima. Ni ne na farko a gidanmu da ya yi boko har ya kama bak, takardar gama lise, wato babbar sakandare, kuma takardar nan ta hau mini kai. Idan dattijo yana magana sai in riƙa yi masa gyara a zuciyata. Waya kuwa ba ta barin hannuna, duk abin da aka faɗa mini sai na tambaye ta kafin in yarda. Na rubuto muku ne, Edita, saboda abin da na yi wa mahaifina ya ƙi barina in huta, kuma ba ni da bakin da zan faɗa wa wani ido da ido.

Mu mutanen Djougou ne, jikokin fataken goro da suka sauke kaya a can suka zauna. Babana ma goro ya sayar har ƙarfinsa ya ƙare. Mutum ne mara yawan magana, za ka iya wuni da shi a rumfa ba ka ji komai daga bakinsa ba sai amsa sallama da faɗin farashi. Mahaifiyarmu ta rasu ina lise, daga nan shirunsa ya ƙaru. Ya so in gaje shi a rumfar goro, na ƙi, na taho Parakou, na kuma nemo matata da kaina a nan. Bai hana ba. Ya zo ɗaurin aure, ya yi mana addu'a, ya koma. Amma ni na riga na sa a raina cewa bai so auren ba, don haka duk shirun da ya yi sai in fassara shi da fushi. Yau na san shiru ne kawai irin nasa, wanda ya saba yi wa kowa.

A gidanmu kaka ne yake zaɓa wa jikansa namiji na farko suna, shi yake masa huɗuba, kuma sunan yana zama a ɓoye har safiyar ranar bakwai. Da matata ta sauka, namiji, Baba ya shigo motar safe daga Djougou washegari. Ya yi alwala, ya zauna a kan tabarma, aka miƙa masa jariri. Ya yi kiran salla a kunnen dama, ya yi iƙama a na hagu, sannan ya kai bakinsa kunnen yaron ya daɗe a wurin, ya fi ƙarfin daɗewar da huɗuba take bukata. Da ya ɗago na ga idonsa ya yi ja, na ce a raina iskar hanya ce. Da na raka shi tasha na tambaye shi sunan, tunda ni zan kai wa liman. Maimakon ya faɗa, sai ya zaro wata 'yar takarda a aljihu, a naɗe, ya danƙa mini. Ya rubuta sunan da Larabci da hannunsa, har da wasula: Hanzala.

Ban taɓa jin wani mai wannan suna a danginmu ba. Motarsa ba ta gama fita daga tasha ba na zaro waya na duba. Abin da na gani shi ne, hanzala wata irin guna ce mai ɗaci da take yaɗo a cikin rairayin hamada, wadda wasu ke kira kwartowa, ko dabba ba ta son ta. Na ƙara gangarawa ƙasa sai ga hadisin da aka kwatanta munafukin da ba ya karatun Alƙur'ani da ita, ba ƙamshi, ga ɗaci. A nan na tsaya, ban ƙara karanta layi ɗaya ba. Jini ya hau mini kai. Na ce wato abin da tsohon nan yake riƙe da shi a ciki ke nan, ɗan da matar da ba ya so ta haifa shi ne ɗaci a gare shi, shi ya sa ma ya kasa faɗa da baki, kunyar abin da ya aikata yake ji. Da na gaya wa matata, tana zaune da ciwon haihuwa a jiki, ta ce in bi shi a hankali, in kira shi gefe in tambaye shi dalili, dattijo ba ya zaɓar suna haka kawai. Na ce mata ita ba ta san shi ba, ni na san shi. Kwana biyu bayan nan na je meriya, ofishin magajin gari inda ake rajistar haihuwa, na sa aka rubuta wa yaron wani suna da ake yayi, mai daɗin ji, ban gaya wa kowa ba.

Baba ya dawo jajiberin suna da huhun farin goro wanda ya zauna ya tsince da hannunsa ɗaya bayan ɗaya. Ban taɓa ganinsa da fara'a irin ta wannan rana ba, har yana tsokanar matata wai ta haifo masa abokin takara a gida, yanzu wa zai samu tuwo. Na ga fara'ar na ce ta munafunci ce. Da safe bayan sallar asuba maza suka cika rumfar da aka kafa a ƙofar gida, abokan kasuwata, dangin matata, da tsofaffin abokan Baba na Parakou da suka yi fataucin goro tare. Aka raba goro. Na miƙa wa liman takarda, amma tawa ce, ta Baba tana cikin aljihuna. Liman ya raɗa sunan da na zaɓa, maroƙi ya ɗaga murya ya maimaita, aka yanka rago a kansa. Baba ya ɗaga hannu tare da kowa aka shafa Fatiha. Sai ya juyo gare ni, murya ƙasa-ƙasa, ya tambaye ni ko liman bai ga rubutun da kyau ba.

Da a ce na amsa masa a hankali kamar yadda ya tambaye ni, da abin ya zo da sauƙi. Amma na kwashe kwanaki ina shirya jawabi. Na ɗaga murya a gaban mutane, ina haɗawa da Faransanci don a san na yi karatu, na ce liman ya gani sarai, ni ne na canza, ba zan bari a kira ɗana da sunan guna mai ɗaci ba, sunan abin da aka kwatanta munafuki da shi. Na ma ɗaga wayar na karanta musu. Ɗaya daga cikin tsofaffin abokansa ya buɗe baki zai yi magana, Baba ya ɗora masa hannu a gwiwa, mutumin ya fasa. Baba ya ce Allah ya raya, ya yi wa yaro albarka, ɗa naka ne. Ya nemi takalminsa ya sa. Bai jira wainar suna ba, bai shiga cikin gida ba, kafin hantsi yana cikin motar Djougou. Ni kuwa na wuni ina karɓar barka, ina jin na yi nasara.

Shekara biyu muka yi a haka. Bai yi fushi da ni a fili ba, kuma wannan ya fi ciwo. In na kira zai amsa gaisuwa, ya tambayi kasuwa, ya tambayi mai ɗakina, ya tambayi yaro. In mun je salla zai ɗauki yaron, ya ba shi dabino, ya shafa kansa. Amma tsokanar nan ta kaka da jika da ya fara ranar jajibere ban sake jin ta ba. Na lura, na share, na ce tsufa ne. Sai wata ranar kasuwa aka kira ni aka ce Baba ya faɗi a rumfa. Hawan jini ne, ya shanye masa ɓarin dama, ya kuma tafi da maganarsa. Yana gane mutane, yana bin ka da ido, amma in ya buɗe baki sai wani sauti kawai ke fita.

Gwaggona, ƙanwarsa da ke aure a Bariénou, ita ta zo jinya. Da rana tsaka, muna zaune a tsakar gida tana wanke masa kaya, ta ce mini ta riƙe wata magana shekara biyu saboda ya hana ta faɗa, amma yanzu mai hanawar ba shi da baki, ita kuma ba za ta mutu da ita ba. Ta tambaye ni ko na san sunan yayana da ya rasu kafin a haife ni. Na ce na san an yi shi, na san lakabin ranar haihuwarsa da ake ambatonsa da shi. Ta ce wannan lakabi ne, sunan yankansa Hanzala. Kakanmu ne ya zaɓa. Shi ne ɗan farin Baba, kuma ka san a gidanmu uba ba ya kiran sunan ɗan fari, ba ya ɗaukarsa a gaban mutane, ko wasa ba ya yi da shi, kunya ce. Yaron ya shekara biyar a duniya, yana bin Baba har ƙofar gida duk safiya, Baba yana yi kamar bai gan shi ba, alhali ransa yana kansa. Ƙyanda ta kama shi Baba yana kan hanyar ɗauko goro daga Ghana, ya dawo ya tarar an binne shi da kwana uku. Bai taɓa kiransa da sunansa ba ko sau ɗaya, yana raye ko yana mace. Gwaggo ta ce ranar da aka ce matata ta haifi namiji, Baba ya hau babur har Bariénou don ya gaya mata cewa Allah ya ba shi dama, jika abokin wasa ne, babu kunya tsakaninsu, zai kira sunan nan safe da yamma har ya gaji. A takarda ya rubuta mini saboda har a ranar bakinsa bai iya furta shi a gaban babba ba, yana jiran liman ya fara raɗawa.

Ban san yadda na tashi daga wurin ba. Kunya da baƙin ciki suka rufe ni, na shiga bayan ɗaki na yi kuka irin wanda ban yi ba tun rasuwar mahaifiyata. Washegari na je wurin wani malami abokin Baba, na tambaye shi abin da ya kamata in tambaya tun farko. Ya ce ma'anar da na gani gaskiya ce, amma rabin magana na karanta. Larabawan da suna ba 'ya'yansu maza sunayen abubuwa masu ɗaci da tauri, dutse, ƙaya, namun daji, don su zama masu wuyar haɗiya ga abokan gaba. Ita kuma wannan tsiro tana rayuwa a inda komai ya bushe. Ya ce sahabbai sun ɗauki sunan, Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, ya canza wa mutane sunaye marasa kyau amma bai canza wannan ba. Cikinsu akwai saurayin da ya fito daga ɗakin amaryarsa da jin kiran yaƙin Uhudu, ya yi shahada, mala'iku suka yi masa wanka. Don shi kakanmu ya zaɓi sunan. Duk wannan yana nan a cikin wayar tawa, a ƙasa kaɗan da inda na tsaya.

A lokacin matata tana da ciki na biyu. Na riƙa roƙon Allah ya ba ni namiji, ya kuma bar mini Baba har ya gan shi, kuma ya amsa duka biyun. Na raɗa wa yaron Hanzala. Da suka yi arba'in muka ɗauke shi zuwa Djougou. Baba yana jingine da filo a ɗakinsa, ya rame. Na durƙusa na ɗora masa jaririn a cinya ta ɓangaren da yake motsi, na ce Baba ga Hanzala na kawo maka. Gwaggo ta rufe fuska da mayafi ta fita, don sama da shekara talatin ba a kira wani da sunan a gidan ba. Baba ya dubi yaron, ya sa hannun hagu ya riƙe ƙafarsa. Na ga leɓensa yana motsi, yana kokawa, jijiyar wuyansa ta tashi. Ya gwada sau uku. Sautin nan ne kawai ya fita, wanda yake yi in yana son ruwa. Hawaye suka gangaro masa ta gefe ɗaya, na sa hannun rigata na share masa. Ya rasu wata huɗu bayan nan.

Na roƙe shi gafara sau da yawa kafin ya tafi, yana lumshe ido, ina fatan yafiya ce. Amma yafiya ba ta mayar masa da shekara biyun da yake da baki ba, ga jika a gabansa. Ni na ƙwace su, a gaban abokansa, da waya a hannuna. Abin da na koya shi ne suna ba ma'anarsa ta ƙamus kaɗai yake ɗauke da ita ba, yana ɗauke da wanda ya taɓa amsa shi da wanda ya yi kewarsa. 'Yan'uwana matasa masu duba sunaye a waya, ku duba, babu laifi, amma ku karanta har ƙarshe, kuma in dattijo ya zaɓi sunan da bai yi muku ba, ku kira shi gefe ku tambaye shi dalili tun yana iya amsawa. Matata ta gaya mini haka, kuma tafiyar minti ɗaya ce tsakanina da shi a ranar jajibere. Yanzu Hanzala yana gudu a tsakar gida, ina kiransa sau ashirin a wuni, kuma babu kiran da nake yi ban tuna wanda ya so ya yi sau ɗaya ba. Har yanzu takardarsa tana cikin aljihun rigar da na sa ranar sunan ɗana na fari.