Kalangun da Ya Tashi da La'asar

Shekara bakwai ke nan da muka kai Sale mahauci makwancinsa a nan Garwa. Allah Ya jiƙansa, Ya sa can ta fi masa nan. Ni da shi tare muka tashi, tare muka koyi iyo a Binuwai ba da sanin iyayenmu ba, daga baya ya auri ƙanwata, abota ta zama surukuta. Shi duk rayuwarsa bai wuce Ngaundare ba. Ni kuwa fataucin ƙirgi ya kai ni Injamena da Omdurman da Jidda da Marsiliya, na tsinto harsuna a hanya kamar yadda wandon matafiyi yake tsintar ƙarangiya. Shi ya sa yake kirana Tafinta, kuma ba yabo yake nufi ba.

Wanda bai tashi cikin mahauta ba sai an yi masa ɗan bayani. A wurinmu kowane tsohon gidan fawa yana da takensa, wato kiɗan da ake yi masa da kalangu, wanda ko yaro ya ji ya san na gidan wane ne. Da safe in an yi yanka, makaɗi zai tsaya bakin rumfa ya buga taken mai nama, mata a cikin gidaje su ji su fito da kwano. Take gado ne, kuma wuƙa yake bi. Ɗan da ya karɓi wuƙar ubansa shi ke karɓar taken. In babu ɗan da ya karɓa, take ya bi mai shi kabari, makaɗi ba ya sake taɓa shi. Na ga mahauta a ƙasashe da dama. Na Omdurman da baki suke kiran ciniki. Na Marsiliya suna tsaye bayan gilashi da farar riga kamar likitoci. Ban ga inda nama yake da kiɗa ba sai wurinmu.

Taken gidan su Sale tun kakansa yake, wanda ya shigo da shi ta Mayo-Ulo yana bin garken shanu. Sale kuwa ɗa namiji ɗaya Allah Ya ba shi cikin 'ya'ya mata, shi ne Hamisu. Yaron ya yi ta tsawo har sai ya sunkuya kafin ya shiga rumfar ubansa. A lise, wato makarantar sakandare, wani malami ya gan shi, ya damƙa masa ƙwallon kwando, shi ke nan aka rasa shi. Daga Garwa sai Yawunde, daga Yawunde wata ƙungiya a Faransa ta ɗauke shi, ba ta manyan rukuni ba, amma dai albashi ake biyansa don ya yi wasa. Ranar da zai tafi, Sale bai raka shi tasha ba. Bai zage shi ba, bai kuma sa masa albarka da baki ba. Manyan mahauta suka ce magana ta ƙare: yaro ya bar wuƙa, take zai mutu da Sale. Hamisu ya tafi da wannan magana a ƙirjinsa. In ya kira waya, gaisuwa ce kawai tsakaninsa da uban, sai a miƙa wa uwar.

Wasannin ƙungiyarsu ba a nuna su a talabijin ɗinmu. Amma Hamisu ya gaya mini suna da ɗan rediyonsu a intanet, murya kawai babu hoto, wani mutum yana zaune bakin fili yana faɗin abin da ke faruwa. Ko rezo, wato sabis ɗin waya, ya yi rauni, murya takan lallaɓa ta iso. Wata Lahadi da la'asar, bayan kasuwa ta watse, na je rumfar Sale da wayata, na zauna a kan benci na kunna. Shi kuwa yana ta wasa wuƙaƙensa a kan dutse. Faransancinsa na kasuwa ne, na kilo da canji, mai sharhin kuwa yana zuba magana kamar ruwan Agusta. Can sai sunan Hamisu ya faɗo daga wayar. Wuƙa ta tsaya a kan dutse.

"Tafinta, me ya ce?"

"Ya ce ɗanka ya yi tsalle ya ƙwace ƙwallo a hannun mutum biyu."

Ya ci gaba da washi. Bayan jimawa ya sake tambaya, shin mene ne aikin yaron a cikinsu. Na ce shi ke tsayawa ƙarƙashin kwando, inda ake turereniya da ƙarti, ya tare wanda ya taho da gudu.

"To," in ji shi, "ashe mai kama ƙaho ne."

Daga nan Lahadi ta zama tamu. Bai taɓa cewa in zo ba, amma kullum ina tarar da benci a share, da shayi a kan wuta. Sannu a hankali ya rage bukatar tafinta. Ya gane ƙarar takalma a kan katako, ya gane dukan ƙwallo da yake cewa kamar daka ne a gidan biki, ya gane bambancin ihun murna da na baƙin ciki kafin in buɗe baki. A Omdurman na taɓa ganin mutane sun kewaye rediyo suna sauraron ƙwallon ƙafa, kowa yana faɗin yadda da shi ne zai buga. Sale ba haka yake saurare ba. Shiru yake yi, kai a sunkuye, kamar mai jiran labari daga ɗakin haihuwa.

Ranar da nake son in ba da labarinta, wasan ƙarshen kakar wasanni ne. Wanda ya ci zai hau rukunin manya. Audu makaɗi, wanda ya gaji kiɗan fawa kamar yadda Sale ya gaji wuƙa, ya biyo ta rumfar da kalangunsa a rataye zai wuce gida, ya gan mu ya zauna. Wasa ya zo ƙarshe, su Hamisu suna baya da maki ɗaya. Wani ɗan ƙungiyarsu ya jefa ƙwallo ta daki bakin kwando ta dawo. Mai sharhi ya fasa ihu da sunan Hamisu, ya cafe ta ya zura a kwando, ya sake kiran sunan, ya sake, ƙahon tashi daga wasa ya busa, wayar tana rawa a hannuna don hayaniya. Na juyo in fassara, na tarar Sale a tsaye.

"Audu, buga mini taken gida."

Audu ya dube shi, ya dubi teburin da aka riga aka wanke. "Yanzu, Sale? Da la'asar? Wa ya yi yanka?"

"Ɗana ya yi yanka. Buga."

Audu ya matse kalangu a hammata ya buga. Mu uku, duk cikin murna, muka manta abin da kowace tsohuwa a unguwar ta sani. Take da safe kira ne na yau da kullum. Take da la'asar kuwa ma'anarsa ɗaya: wata saniya ta karye an yi mata yankan gaggawa, nama zai yi araha, mai rabo ya hanzarta. Kafin Audu ya kai ƙarshen kiɗan, lungu ya cika da mata da kwanuka. A gaba akwai Dada Asta, wata Bafulatana maƙwabciyarsu, tana haki, mayafi a karkace. Ta leƙa tebur ta ga wayam, ta ce da Fulatanci, "Kusel ɗon na?" Wato, akwai naman kuwa?

Ni da nake taƙama da harsuna na fara shirya bayanin da zan yi musu, cewa kuskure ne, wasa ne ake yi a wata ƙasa. Sale ya riƙe mini hannu. Ya ce tun kakansa taken gidansu bai taɓa kiran mutum ya koma da kwano wayam ba, kuma ba a kansa za a fara ba. Yana da wani bijimi da ya yi wata da watanni yana kiwo a gida don kasuwar Sallah. Ya aika aka jawo shi. Aka ɗauko likitan dabbobi daga gidansa a kan babur, da jallabiyarsa ta hutu, don ya duba ya buga hatimi. Kafin magariba an yanka an feɗe, Sale yana rabawa da hannunsa, ko sisi bai karɓa ba. Rabin matan ba su san abin da ake kira ƙwallon kwando ba. Albarkacin kaza ƙadangare ya sha ruwan kasko.

Ana cikin rabon na kira Hamisu. Ya ɗauka, hayaniyar abokansa a bayansa. Na ɗaga wayar wajen Audu. Sai na ji hayaniyar ta ragu, alamar ya fita waje.

"Kawu, taken gidanmu nake ji. Wa ya yi yanka?"

Na ce, "Babanka ya ce kai ne."

Na miƙa wa Sale wayar, hannunsa duk kitse. Abin da ya faɗa kawai shi ne, "Allah Ya yi maka albarka. Ka riƙa cin abinci." Ya maido mini.

Washegari manyan mahauta suka kira shi. Wasu sun ji zafi, kuma ban ga laifinsu ba. Suka ce an mai da take abin wasa, gobe wani zai sa a buga masa don ɗansa ya ci jarrabawa. Sale ya saurare su har suka gama, sannan ya ce hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar, balle hannun da bai ruɓe ba. Mafi tsufa a cikinsu ya tambaya ko akwai wadda ta koma gida ba nama. Aka ce babu. Ya ce to take bai yi ƙarya ba, amma a sani, duk wanda ya sa aka buga shi, ciyarwa ta hau kansa. A haka aka tashi. Ba su ce Hamisu ya gaji take ba. Ba su kuma ƙara cewa take zai mutu ba.

Bayan kaka biyu Sale ya kwanta ciwon da bai tashi ba. Bai taɓa ganin ɗansa yana wasa a fili ba. Sau ɗaya na samo masa bidiyo na nuna masa a waya. Ya kalla kaɗan ya ture hannuna, ya ce sun mai da masa yaro kamar ƙuda, a kunne ya fi girma. Hausawa suna cewa gani ya kori ji. Sale ya rasu bai yarda ba.

Nakan tambayi kaina me zai ce da ya leƙo kasuwar yau. Rezo ya yi ƙarfi, kowane saurayi a rumfa yana da bidiyo a tafin hannu, suna kallon 'yan guntayen tsalle-tsalle daga Amurka, ba wanda yake da haƙurin bin wasa daga fari har ƙarshe. Na san zai yi faɗa in ya ga mai wuƙa a hannu ido a kan waya, domin a wurinsa ido na wuƙa ne, kunne ne na duniya. Na san kuma zai ɓata rai da masu cacar wasanni, waɗanda suke sauraron sakamako ba don suna ƙaunar kowa a filin ba. Amma akwai abin da zai tsaya ya saurara. Gwiwa ta dawo da Hamisu gida. Yanzu yana koya wa yara maza da mata ƙwallo a wani filin siminti, kuma ranar Lahadi yakan zauna ya kalli wasannin ƙwararru yana faɗin su da Hausa, da ɗan Fulatanci in abin ya yi zafi, murya kawai a intanet. Direbobi suna saurare a hanyar Cholire. Wani ɗan kasuwa a Kuseri ya gaya mini ba ya bari ya wuce shi. Mai tsaron ƙarƙashin kwando, a bakin Hamisu, sunansa mai kama ƙaho. Na zagaya duniya ina tinƙaho da harsunan wasu, ban taɓa zaton zan ji wannan wasa da harshen uwata ba. Tafinta ya rasa aiki, kuma ban taɓa jin daɗin rashin aiki irin wannan ba.

Ba zan ce komai ya koma yadda Sale ya so tun farko ba. Rumfar tana hannun ɗan ƙanwarsa, mahauci na ƙwarai, amma da taken gidan nasa uban yake ciniki. Har yau akwai dattawan da ke cewa take ba wuƙa kamar kube ne ba takobi, kuma maganarsu tana da nauyi. Sai dai kowace shekara, in ranar rasuwar Sale ta zagayo, Hamisu yakan sayi bijimi da guminsa. Da safe a yi addu'a. Da la'asar Audu, da furfurarsa, ya tsaya bakin tsohuwar rumfar ya buga.

Bana ina wurin. Mata suka cika lungun, wasu 'ya'yan waɗanda suka zo ran farko ne. Dada Asta ta iso a ƙarshe tana dogara sanda, ido ya yi rauni, kwanon dai shi ne na da. Ta tsaya gaban tebur ta ɗaga kai sama, ta yi tambayarta ta kullum. Shekarun baya ɗan ƙanwar Sale ne ke yanka, Hamisu yana miƙawa. Wannan karon Hamisu ya sunkuya ya shiga rumfar, ya ɗauki wuƙar ubansa da kansa. Yankan bai yi kyau ba. Ya bar tsoka a jikin ƙashi, ya karkata inda ya kamata ya miƙe, mahauta suna ta dariya suna cewa a koma fili, Dogo, nan ba kwando ba ne. Da Sale yana nan da tuni ya ƙwace wuƙar yana mita. Amma Audu bai tsaya da kiɗa ba, babu kuma dattijon da ya ce ya tsaya. Dada Asta ta jinjina kwanonta ta ji nauyi, ta juya ta kama hanyar gida.